Ludayin da Kika Aiko Ta Hannun Baba Tsibiri

Zuwa ga mahaifiyata, Inna mai tuwon kasuwar Ose.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Bayan gaisuwa mai yawa irin wadda ɗa ke yi wa uwa yana durƙushe, ina fatan wannan takarda ta same ki cikin rahamar Ubangiji, makwanci a yalwace, haske ta kowane ɓangare. Mu nan Anacha lafiya lau muke. Binta na gaishe ki, yaranta na gaishe ki, har da ƙaramar da ba ki gani ba, wadda aka mayar wa sunanki. Rumfa na nan, tukwane na nan. Miyar kukar Binta dai har yau ba ta kamo ƙafar taki ba, amma kada ki ce ni na faɗa.

Na san ba a aika wa mamaci takarda. Na kuma san ko kina raye ba za ki karɓa a hannuna ba, sai dai ki ce wa Binta, "Duba mini abin da wancan ya rubuto." To, ga wancan ya rubuto. Na sa ta a fili ne inda masu bibiyar wasannina za su gani, domin shekara uku ke nan suna tambayata me ya sa na daina wasan barkwanci, ni kuma ina ce musu aiki ne ya yi mini yawa. Ƙarya nake yi. Na daina ne saboda na ɗauka kin bar duniya kina fushi da ni. Ranar Talatar da ta wuce na gano ba haka ba ne, kuma tun daga ranar nake cin abinci kamar leburan da ya sauke tirela shi kaɗai.

Ni ne ɗan farinki, Inna, kuma kin riƙe kunyar ɗan fari yadda kika taho da ita daga Kura, ba ki rage ko ƙwaya ba duk shekarun da kika yi a bakin Kwara. Yaran da ake haifa a kudu yanzu ba su san abin ba, shi ya sa zan faɗa. Ba ki taɓa kiran sunana ba. Ba ki taɓa yabona a gaban mutum ba. In na shigo, sai ki sami abin gyarawa a murhu. In wani ya ce, "Inna, ɗanki ya yi ƙoƙari," sai ki ce, "Ruwan wanke hannu na can." Binta kuwa, 'yar auta, kullum kirari take sha: Bintalo, Binta 'yar gwal. Ni sunana wancan. In ranki ya yi daɗi ƙwarai, shi wancan ɗin. Na girma na san al'ada ce, ban taɓa riƙe ki da ita ba. Sai dai ta bar ni da matsala guda, ban iya bambance shirunki na kunya da shirunki na fushi ba, domin kamarsu ɗaya.

Kin tuna ranar da Baba Tsibiri ya fara zuwa rumfa? Dogon tsoho baƙi, gashi fari fat, da hular kaba da riga mai furanni kamar an yanko ta daga labule. Masu shirya fim ne suka taho da shi daga Inugu don su ɗauki wani yanki a cikin kasuwa, ƙanshin daddawa ya janye shi ya bar su a tsaye. Ya zauna tsakanin leburori masu sauke albasa, aka ajiye masa tuwo, sai ya nemi cokali. Kika dube shi sama da ƙasa, kika tura masa kwanon ruwa, kika ce, "Wash hand, Baba. Tuwo no be medicine." Ya yi dariya har hularsa ta faɗi, ya wanke hannu, ya tashi da malmala biyu. Sunansa Mista Salwin, amma da kika ji an ce daga wani tsibiri yake a can Karibiyan, bayan teku, sai kika sa masa Baba Tsibiri, sunan kuma ya bi shi har Fatakwal. Turancin garinsu da burokan kasuwa da kike yi sun zo kusa, kuna fahimtar juna fiye da yadda yake fahimtar waɗanda suka kawo shi.

A lokacin ina layin albasa, a gurbin mahaifinmu marigayi, kuma kin san halina na kwaikwayon mutane. Ran nan ina nuna wa abokai yadda direban tirela ke baya da mota a tashar Upper Iweka, yaron mota na ihu yana dukan gefe, 'yan okada masu babur na watsewa. Kowa na dariya ban da tsohon nan. Shi ƙafafuna ya tsaya yana kallo. Da na gama ya ce in sake, na sake. Bayan mako biyu ina ɗaure kaya zan bi shi Inugu. Da na zo sallama, na durƙusa a bayanki na faɗi abin da ya kawo ni, kika ce, "Allah ya tsare hanya." Tukunya kika gaya wa, amma na amsa da amin.

Ban san iya abin da ya ba ki na labarinsa ba, amma ga abin da ya ba ni. A ƙauyen masu noman rake aka haife shi. Uwarsa soyayyen kifi take sayarwa a bakin tashar jiragen ruwa, shi kuma tun yana ƙarami yake kwaikwayon masu saye. Daga zauren cocinsu ya fara, sai babban dandalin birni inda suke wani wasa na ƙarshen shekara, sai rediyo. Ya je Ingila da burin zama babban ɗan wasa, aka riƙa ba shi matsayin kwandasta da mai gadi, magana biyu ya fita daga hoto. Ya ce a fim ɗaya sau huɗu ya buɗe ƙofa bai ce uffan ba, amma yadda ya buɗe ta huɗun ne mutane suka fito suna labari. Da ya gaji da sanyi ya koma gida, ya yi shekaru yana wasa a talabijin, har yaran tsibirin suka riƙa gaishe shi da sunayen mutanen da yake fitowa a matsayinsu. Tsufa ne ya kawo shi Nijeriya, an ba shi kaka a wani fim. Fim ya ƙare, shi ya ƙi tafiya. Ya ce fuskokin danginsa yake gani a kowace kasuwa, bari ya ƙara kallo.

Mutumin nan ya haura saba'in, amma zai faɗi daga kan kujera a dandali ka rantse ya karye, ya miƙe yana kakkaɓe riga. Shi ya koya mini cewa in zan kwaikwayi mutum in fara da tafiyarsa, baki ne ƙarshe. Shi ya koya mini yin shiru kafin maganar da za ta fasa dariya, in ƙirga uku a zuci ko da ƙirjina na bugawa. Ya hana ni wasa da yunwar mutum ko da nakasarsa. In na yi abu ba daidai ba, ba ya faɗa, sai ya cire hula ya leƙa cikinta kamar yana neman inda dariyar ta faɗa.

Amma babbar dokarsa ɗaya ce, kuma daga ciwo ya same ta. Wasan da ya fara fito da shi a rediyo na wata mai kifi ne, mai faɗa da masu saye, kuma uwarsa ya kwaikwaya tsaf, bai gaya mata ba. Kafin wata ya ƙare duk tashar jirgi da sunan wasan ake kiranta. In ta buɗe baki za ta yi ciniki, sai a fashe da dariya. Ta kife kaskon suya, ba ta sake komawa tasha ba har ta rasu. Ya ce ta yafe masa da baki, amma kaskon na nan a kife, ya gani da idonsa. Tun daga nan ya ɗaukar wa kansa alkawari: duk mai rai da zai kwaikwaya, sai ya je har inda yake ya yi masa wasan shi kaɗai. In ya yi dariya, wasa ya halatta. In bai yi ba, a binne shi a wurin. Ya yi wa ɗan sandan garinsu haka, ya yi wa limamin cocinsu, ya yi wa surukarsa, kuma ita ce ta sa ya binne wasan da ya fi so.

To, Inna, sai ga ni da nawa. Wata rana a Inugu muna gwaji, na ɗora tawul a kafaɗa na ɗauki ludayin roba, na zama ke. Shi ya so in ɗaura zani kamar yadda suke yi a can, na ce masa in na ɗaura zani ko masallacin unguwa ba zan sake shiga ba, ya ce tawul ya isa. Na yi yadda kike jan ƙafar hagu in kin daɗe a zaune. Na yi yadda lebura zai ce, "Inna, nama fa?" ke kuma ki ce, "Nama? Kai da ko hannu ba ka wanke ba? Gidanku mahauta ne?" Na yi, "Matsa can, kana tare mini iska." Yaran Inugu da ko tuwo ba su taɓa ci ba sai da suka kwanta a ƙasa. Aka sa wa wasan suna Mai Ludayi. Da kowa ya watse, Baba Tsibiri ya tambaye ni ko matar da ta hana shi cokali ce. Na ce ita ce. Ya ce, "Ka san doka. Je ka Anacha."

Na zo, kin kuwa gan ni. Kwana biyu ina zagaya rumfa da ludayin roba a aljihun riga. Amma ta yaya, Inna? Ni da ba mu taɓa haɗa ido na minti guda ba, in tsaya a gabanki in ja ƙafar hagu? Sau uku ina buɗe baki, sau uku ina cewa, "Ko akwai ruwan da za a ɗebo?" Na cika miki randa har ta yi ambaliya. A rana ta uku na hau mota na koma, na ce masa na yi miki kin yi dariya. Ya cire hula ya leƙa cikinta, ya mayar.

Bayan kwana biyar ya kira ni gwaji. Ya ajiye mini wani tsohon ludayin duma, ya ce a kasuwa ya tsinto shi, in jefar da na roba. Sa'an nan ya ce wasan da saura. Ya ce in riƙa faɗan nan yadda nake yi, baki na zazzaga wa lebura, amma hannu kuma ya yi nasa aikin daban: ya saci tsokar nama daga tukunya, ya cusa ta ƙarƙashin malmala, ya rufe da miya don kada na kusa ya gani. Na gwada. Wallahi ranar da na fara yinsa a gaban jama'a, dariyar ta canza. Da ana yi wa matar dariya ne, yanzu kuma ana dariya ana dafe ƙirji. A Fatakwal wani ƙaton direba ya same ni bayan wasa yana share ido, ya ce haka uwarsa take. Ni kuma na riƙa gaya wa kowa cewa tsohon nan ba mutum ba ne, dubi abin da ya ƙirƙiro daga zuwa rumfa sau biyar.

Wasa ya shiga waya, ya bi motocin albasa ya iso Ose. Binta ce ta kira ni. Ta ce leburori sun taru a rumfa suna kallo, wani marar hankali ya miƙo miki wayar yana cewa, "Inna, ga ki nan, ga ɗanki." Ta ce kin kalla kaɗan, kin tashi kin zagaya bayan rumfa wurin wanke tukwane, kin juya wa kowa baya. Ta leƙa ta ga kafaɗunki na girgiza, kin toshe baki da mayafi. Ta ce, "Yaya, ka sa Inna kuka." Ina tsaye a bakin titi a Inugu lokacin. Kaskon uwar Baba Tsibiri ne kawai ya faɗo mini a rai.

Na zo neman gafara, ya ƙare kamar na farko. Na durƙusa na gaishe ki, kika amsa a taƙaice, kika ce wa Binta, "Zuba wa wancan abinci." Na ci ina satar kallonki, ina neman alamar fushi ko ta yafiya, ban sami ko ɗaya ba, fuskar da na sani tun ina yaro ce. Na ce zan dawo in na tara ƙarfin hali. A tsakanin nan Baba Tsibiri ya fara ciwo, 'ya'yansa suka zo suka tafi da shi gida. Ni kuma aiki ya buɗe, yau Inugu gobe Fatakwal, kullum ina cewa wata mai zuwa. Ina Fatakwal Binta ta sake kira ta ce zazzaɓi ya kwantar da ke. Kafin motarmu ta fita daga cunkoson Upper Iweka an riga an yi miki wanka.

A zaman makoki wani dattijo daga layin tattasai ya riƙe hannuna bayan addu'a, ya ce a hankali, "Allah ya ji ƙanta. Ta yi haƙuri da kai, ka mai da ita abin dariyar 'yan tasha." Bai ɗaga murya ba, ban kuma ji haushinsa ba, domin abin da nake gaya wa kaina ne ya faɗa. Na naɗe ludayin a tawul na tura ƙasan akwati. Na koma layin albasa. Liman ya ce in yawaita yi miki addu'a da sadaka, uwa ba ta riƙe ɗa, na yi, amma zuciyata ba ta kwanta ba. Saƙonnin da ke zuwa daga tsibiri kuwa na daina buɗewa. Da wane baki zan gaya wa mutumin nan cewa na yi masa ƙarya, na kuma maimaita abin da ya yi shekara hamsin yana nadama?

Haka na zauna shekara uku, har Talatar nan. Bayan la'asar ina rumfa ina taya Binta sauke tukunya, waya ta yi ƙara, baƙuwar lamba, kiran bidiyo. Binta ce ta danna kafin in hana ta. Sai ga wata budurwa, jikarsa, sai ga shi a kujera a gindin wata bishiya, ya rame, gefen bakinsa ya ɗan karkace, amma hular na nan. Ashe ɓarin jikinsa ne ya shanye bayan komawarsa, ya daɗe ba ya magana, sai a hankali harshe ya dawo. Abin da ya fara tambaya shi ne me ya sa jikarsa ta bincika ko'ina ba ta ga sabon wasana ba. Na biyu kuma, yaya matar da ta hana shi cokali.

Na gaya masa kin rasu. Ya cire hula ya ɗora a ƙirji. Daga nan sai bakina ya ɓalle. Na faɗi ƙaryar da na yi, na faɗi kukan bayan rumfa, na faɗi maganar dattijon layin tattasai. Ina magana ina kuka a gaban leburori, ban damu ba. Da na gama sai na ga kafaɗunsa na rawa. Na ɗauka shi ma kukan yake. Inna, dariya tsohon nan yake yi, har ta sarƙe shi jikar ta kawo ruwa. Da ya samu numfashi ya nuna ni da yatsan da ke motsi ya ce, "Kai wawa ne, ɗana. Ka iya kwaikwayon kowa, ƙarya ce kawai ba ka iya ba."

Ashe tun ranar da na dawo ya gane. Washegari ya hau mota shi kaɗai ya zo Anacha, ya jira har masu ci suka watse, Binta ta tafi cefane. Ya same ki kina wankin tukwane. Ya ce miki ɗanki ya yi wani wasa da ke, kuma a garinsu ba a fitar da irin wannan sai mai shi ya gani. Ya ɗora tsumman goge hannu a kafaɗa, ya ɗauki ludayi, ya yi miki Mai Ludayi daga farko har ƙarshe, da ƙafar hagu da komai. Ya ce da farko kin ɗaure fuska kina ta dirzar tukunya kamar ba da ke ake ba. Da ya zo kan "kana tare mini iska" da karyayyar Hausarsa, sai kika saki soso, kika zauna a kan kifaffen baho, kika toshe baki da mayafi, kafaɗu na girgiza, hawaye na zuba. Yana faɗin haka Binta ta saki murfin tukunya a ƙasa ta ce, "Innalillahi, Yaya, haka na gan ta. Wallahi haka na gan ta."

Sa'an nan ya ce da kika share ido, sai kika gyara zama kika ce wasan bai cika ba. Ya riƙe maganarki kalma da kalma, ya maimaita mini da muryarki: "E see my mouth, e no see my hand." Wai na ga bakinki, ban ga hannunki ba. Kika karɓi ludayin, kika nuna masa yadda ake cusa nama ƙarƙashin tuwo ba tare da na gefe ya lura ba. Kika ce yaran nan daga ƙauye suke zuwa, ba uwa ba dangi, in ka lallashe su a gaban mutane kunya za su ji, gara ka yi musu faɗa ka ƙara musu nama. Kika shiga ciki kika ɗauko tsohon ludayin duma, kika ce a ba wancan, roba ba ta yi kama da mai tuwo ba. Amma kika sa ya rantse ba zai faɗa mini ba muddin kina numfashi, domin in na san kin gani, da wane ido za ki kalle ni?

Shi kuma da tsokana, sai ya ce a ba wa? Kika ce wancan. Ya ce wane wancan, ba shi da suna ne? Kika ce ya san shi ai. Ya ce shi tsoho ne, mantuwa gare shi, ki tuna masa. Ya ce sai kika ɗaga ludayin sama kika ce, "Baba, drink your water dey go." Wato ya sha ruwansa ya kama gabansa. A hanyar komawa ne wani fasinja Bahaushe ya bayyana masa abin da ake nufi da kunyar ɗan fari. Ya ce a duk yawonsa na duniya bai taɓa jin irinta ba, kuma ya so ya yi wasa da ita, amma ya san ba za ki ba da izini ba.

Ana kashe waya na hau okada na je gida, na zazzage akwati, na dawo da ludayin a hannu. Binta ta juya shi sau ɗaya ta nuna mini wuyansa, inda ya taɓa tsagewa aka ɗinke da koren zare, ƙulli biyu a ƙarshe. Ta ce ɗinkinki ne, da zaren da kike kwancewa daga bakin buhu, kuma ita ta nemi ludayin nan har ta gaji, kika ce mata wataƙila ɓera ya ja. Na yi wasa da shi a gaban ɗaruruwan mutane, yatsana a kan ɗinkin nan, ina ta yabon basirar Baba Tsibiri da ya iya zaɓen tsohon kaya. Ni da ake cewa ba abin da ke wuce idona.

Kuma kin yi gaskiya, ban ga hannun ba. Tun ina yaro, duk kwanon da aka ce a zuba wa wancan, in na kai ƙasa sai na tarar da tsoka a kwance. Na ɗauka haka tuwo yake zuwa. Da na girma na ɗauka aikin Binta ne. Har ranar da na zo neman gafara na kasa, akwai ta, guda biyu ma, na cinye su ina ta binciken fuskarki. Na tambayi Binta ranar Talata, ta ce ita ba ta taɓa sa mini ba, kafin ta ɗauki kwanon kin riga kin taɓa shi.

Inna, na ji sanyi a raina irin wanda ban taɓa ji ba. Na yi kuka, na yi dariya, na zauna a kan bahon nan naki na cinye malmala uku, leburori na ta kallona suna tambayar Binta ko lafiya. Amma duk da haka ina neman gafararki, domin ni ya kamata in zo, na bar tsoho baƙo ya yi mini abin da na kasa. Ki yafe mini tsoron da na yi da jinkirin da na yi. Dattijon layin tattasai ma na je na gaishe shi jiya, na ba shi labari. Ya ce shi ma lokacin da ya zo garin nan ba shi da kowa, ya sha tarar da nama a ƙasan kwano. Ya roƙe ni gafara, na ce ba komai.

Ranar Asabar zan hau dandali a Inugu. Na wanke tawul, na shafa wa ludayi mai. Jikar Baba Tsibiri ta ce za ta riƙe masa waya ya kalla daga can, shi kuma ya ce in na yi sauri ban ƙirga uku ba, zai cire hula in gani. Binta za ta rufe rumfa ta zo da yara, ta ce tana so takwararki ta ga yadda kakarta take jan ƙafa. Wannan karon da izininki zan fita.

Allah ya ji ƙanki, Inna, ya gafarta miki, ya sa kabarinki ya zama dausayin aljanna. Duk tsokar da kika ɓoye wa ɗan wani a ƙarƙashin tuwo, Allah ya sa ki tarar da ita a mizani. Allah ya haɗa ki da mahaifinmu a inuwa ɗaya. Allah ya ƙara wa Baba Tsibiri lafiya, ya saka masa da alheri, ya shirye mu baki ɗaya. Mu kuma in tamu ta zo, Allah ya sa mu cika da imani, ya sada mu da ke a inda babu rabuwa. In mun haɗu ba sai kin kira sunana ba, ki dai ce a zuba mini, zan duba ƙasan kwanon.

Wassalam.

Ni ne naki har kullum,
Wancan.